Yadda ake haɗa waƙa ɗaya ta kiɗan kwamfuta tsakanin mutum uku a Maradi

A ce ku uku ne. Kai ne mai haɗa kiɗa a kwamfuta, kana zaune a Maradi. Akwai mawaƙiyar da muryarta ta kwanta maka, amma tana Katsina ko Damagaram, ba kullum za ku haɗu ba. Sai kuma wani dattijo makaɗin kalangu daga Tibiri da kake so hannunsa ya shiga aikin. Burinku waƙa ɗaya tak, mai kiɗan lantarki irin na rawa. Zan bi da kai daga zaman farko har ranar da za ka ji ta tana tashi daga wayar ɗan kabu-kabu, kuma zan fi daɗewa a wuraren da aikin mutane ya saba karyewa. Danna maɓallai kowa na iya koyonsa a YouTube.

Zaman farko, kwamfuta a rufe

A dafa shayi, a kira wadda ke nesa a sa wayar a lasifika, a yanke abu huɗu: sunan wa zai zo gaba a jikin waƙar, wa zai biya kuɗin situdiyo da data da mota, yaya za a raba abin da ya shigo, kuma a shafin wa za a ɗora ta a intanet. Na ƙarshen nan shi ake mantawa, shi ne kuma yake raba abokai. Wanda waƙar ke kan shafinsa shi ke ganin yawan masu saurare, hannunsa kuɗi ke faɗawa in sun zo, sauran kuwa sai abin da ya ga dama ya gaya musu. Ko dai ku buɗe sabon adireshin imel na wannan waƙar kaɗai, kowa ya san kalmar sirrinsa, ko mai shafin ya yi alkawarin turo hoton alƙaluma duk ƙarshen wata.

Haƙƙin waƙa iri biyu ne, a rabe su tun yanzu. Akwai na ƙirƙira, wato kalmomi da kari da kiɗa, wanda na waɗanda suka tsara su ne. Akwai kuma na ɗauka, wato shi wannan sautin da aka naɗa, wanda yawanci yake bin wanda ya kashe kuɗi da wanda ya yi aikin. Rabon da na fi gani da sauƙi shi ne na ƙirƙira a yi shi rabi da rabi tsakanin mai kiɗa da mai kalmomi, na ɗauka kuma a fara cire kuɗin da aka kashe kafin a raba. Ba doka ba ce, ku yi yadda ya dace da ku, amma a rubuta. Mutanenmu suna jin nauyin rubuta yarjejeniya da aboki, wai kamar rashin yarda ne. Takarda ɗaya ce: sunaye na gaskiya, sunayen waƙa, kason kowa, kwanan wata, sa hannu. Kowa ya ɗauki hotonta a wayarsa. Ita za ku riƙa ranar da za ku yi wa waƙar rajista a BNDA, hukumar kare haƙƙin masu fasaha ta Nijar.

Makaɗin gargajiya kuma a yi masa magana sarai, cikin ladabi: "Baba, sallamarka za mu yi yau gaba ɗaya, ko kuwa a sa maka kaso a cikin waƙar?" Da yawa za su zaɓi a ba su jakunkunansu a hannu, sun fi gane wannan. Ko ya zaɓi haka, sunansa ya fito a jikin waƙar. Ita ma mawaƙiyar a tambaye ta tun yanzu ko gida sun yarda hotonta ya fito a bango ko a bidiyo. An sha gama aiki tsaf, sai magana ta taso daga gida, a ce a sauke.

Kayan aiki

Ba sai an tara da yawa ba. Kwamfutar hannu mai RAM 8 GB ta isa, kuma ta fi ta tebur amfani a nan domin in an ɗauke wuta batiri zai riƙe ka. Yawancin yaranmu FL Studio suke amfani da shi. Ka sani cewa na gwaji yana barinka ka ajiye aiki amma ba ya barinka ka sake buɗe shi, kuma ƙaramin cikin waɗanda ake saya, Fruity, ba ya ɗaukar murya, sai daga Producer zuwa sama. In aljihu bai kai ba, Reaper yana ba da kwana 60 na gwaji da komai a buɗe, lasisinsa na ƙananan masu aiki kuma dala 60 ne. Sai akwatin sauti da ake ce wa sawunkat, irin su Behringer ko Focusrite, da abin sauraro mai rufe kunne, da makirufo. In ɗakinka yana jin hayaniyar titi, makirufo irin na dandali kamar Shure SM58 ya fi maka wanda ake kira kwandensa, domin shi kwandensa har kukan akuyar maƙwabta sai ya kwaso.

Wani abu game da wuta: in kana kan gurup, wato janareto, sau da yawa za ka ji wani zuuu a ƙarƙashin sauti. Cire cajar kwamfutar lokacin ɗauka, ka yi aiki da batiri, yawanci zai tafi. Kuma yatsanka ya saba da Ctrl da S.

Gudu da murya kafin komai

Kuskuren da aka fi yi shi ne mai kiɗa ya gama kiɗansa cif, ya cika shi da kaya, sannan ya tura wa mawaƙiya ta nemi inda za ta tsaya. Juya abin. Ka ce ta rera amshin da bakinta kawai, ba kiɗa, ta turo ta saƙon murya. Ka saurara kana buga yatsa a maɓallin auna gudu, za ka ga adadin bugu a minti da jikinta ya zaɓa da kansa. Daga nan ka matsa kaɗan zuwa salon da kuke so. Amapiano na Afirka ta Kudu yana zama wajen bugu 110 zuwa 115, kiɗan hawus da ya taso daga Chicago a shekarun 1980 kuma wajen 120 zuwa 128. Mu ɗauki 112 a wannan misali.

Sai ki, wato sautin da waƙar ke zaune a kansa. Nemo a fiyano sautin da amshin yake komawa ya huta a kansa, sannan ka duba cewa inda ta fi hawa ba ta matse maƙogwaro, inda ta fi sauka kuma muryar ba ta ɓace ba. Karin waƙoƙinmu da yawa a kan sauti biyar yake tafiya. In kin ya faɗo a Am, sautukan su ne A, C, D, E, G, duka fararen maɓallai. Ka tsaya a kansu wajen bes, wato sautin ƙasa mai kauri, da fiyano, za ka ji kiɗan ya zauna da muryar ba tare da ka yi wata dabara ba. Ɗora karin gida a kan na'ura ba sabon abu ba ne a ƙasar nan: tun 1978 Mamman Sani ya naɗi kiɗan ogan ɗinsa a gidan rediyon ƙasa a Yamai.

Akwai tarko ɗaya da za ka warware a nan kafin ka ci gaba. Kwamfuta ta saba raba kowane bugu gida huɗu. Kiɗan kalangu da yawa kuwa gida uku yake raba shi, shi ya sa yake da wannan rangajin. In ka jera caki da tafi a kan huɗu, kalangu ya zo da uku, za su yi ta karo, ka rasa abin da ke damun kunnenka. Sa Baba ya buga maka kiɗan da yake ganin ya dace da amshin, ka ƙirga. In uku ne, mayar da layukan allon aikinka zuwa uku-uku, ka bar kik, wato babbar gangar kwamfuta mai dum-dum, yana faɗuwa a kan kowane bugu kamar yadda ya saba, sauran kaya su bi kalangu.

Yanzu gina ƙashin kiɗan, kar ka wuce kik, tafi, caki, bes da fiyano ɗaya. In amapiano kuke yi, sautin gangar nan mai zamewa da ake ce wa log drum yana cikin Fruity DX10. Kowane bugu huɗu mu kira shi zango. A gudun 112, zango ɗaya ya ɗan haura daƙiƙa 2, zango 8 kusan daƙiƙa 17 ne. Tsarin da zai yi muku: buɗewa zango 4, amshi 8, baiti 16, amshi 8, baiti 16, fili na kalangu shi kaɗai 8, amshi sau biyu 16, fita 4. Jimla zango 80, minti 2 da daƙiƙa 51. Ka lura amshi ya shigo kafin daƙiƙa 10. Mai saurare a waya ba ya jiran doguwar shimfiɗa, yatsansa na kan allo.

Ranar ɗaukar kalangu

Ɗakin laka mai rufin azara ya fi ɗakin siminti mai rufin kwano nesa ba kusa ba, domin siminti yana mayar da amo. In siminti kake da shi, jingina katifa a bango, rataya bargo a bayan makaɗin, shimfiɗa darduma. Kashe fanka, ko da a watan Afrilu ne, ku riƙa hutawa kuna kunna ta tsakanin ɗauka da ɗauka. Zaɓi lokaci: bayan isha da ɗan jimawa, ko hantsi kafin injin markaɗe na unguwa ya tashi. Duba agogo kar kiran salla ya riske ku a tsakiya. In da damina ne, fatar kalangu tana saki, bar shi ya shanya ta ta yi ƙarfi kafin ku fara.

Ajiye makirufo kamar taki ɗaya zuwa biyu daga fatar da ake bugawa, a ɗan karkace, yadda sandar kiɗan ba za ta same shi ba. Sa aikin a 24-bit da 48 kHz. Ce masa ya buga da iyakar ƙarfin da zai yi, ka rage shigar sauti har allura ta riƙa tsayawa tsakanin −12 da −6. In ta taɓa ja, wannan ɗaukar ta fashe, babu gyaranta daga baya.

Kada ka sa masa ƙas-ƙas ɗin kilik, wato agogon kwamfuta mai ƙirga bugu, a kunne. Mutumin da ya shekara talatin yana kiɗa a fagen biki bai saba bin agogo ba, zai takure, kiɗan ya mutu. Ba shi kik da caki da muryar amshin nan ta saƙon waya, ya ji kamar yana cikin 'yan'uwansa makaɗa. In abin sauraron ya dame shi, ya zame kunne ɗaya. Sannan ka bar shi ya yi ta bugawa minti biyar ko shida ba tsayawa, sau biyu ko uku. Abin da za ka yi amfani da shi yawanci yana zuwa ne bayan ya manta ana ɗauka.

Kafin ya tafi, ku zauna ku saurara tare, kuma ka yi masa wannan tambayar a duk wurin da ka yi niyyar yanka: "Baba, me kalangun ya ce a nan?" Kalangu magana yake yi. Yana matsa tsarkiya da hammata, sauti ya hau ya sauka yana bin karin harshe. Abin da kai ka ji a matsayin salo mai daɗi yana iya zama taken wani gida, ko kirarin mahauta, ko habaici. In ka yanke shi a tsakiya ka maimaita sau talatin, yaro a Yamai ba zai ji komai ba, amma tsohuwa a Tibiri za ta ji an katse magana, ko ta ji ana kiran wanda ba a nufa ba. Yanka daga farkon jimla zuwa ƙarshenta. Wajen daidaita shi da kik kuma, matsar da guntun gaba ɗaya da hannu har bugun farko ya hau daidai, ka bar na ciki yadda suke. In ka sa kwamfuta ta ja kowane bugu zuwa kan layi, ka biya kuɗin makaɗi ka koma da inji.

In gurmi ne a maimakon kalangu, a ɗaure tsirkiyarsa ta yi daidai da fiyano tun kafin ɗauka. In ta ƙi, kai ka karkato da kayan kwamfutar zuwa gare ta, ya fi sauƙi.

Murya daga nesa

Tura wa mawaƙiya kiɗan a MP3, da gudu da ki a rubuce a sunan fayil ɗin. Ga abin da za ka gaya wa mai situdiyon da za ta je, kuma ka rubuta masa, kar ka dogara da baki: WAV, 24-bit, 48 kHz, mono, busasshiyar murya ba eko ba Auto-Tune, wato manhajar da ke miƙe murya a kan ki, kowane layi a fayil ɗinsa, kuma kowane fayil ya fara daga sifilin aikin ko da shiru ne a farkonsa. Wannan na ƙarshen shi ne ke sa ka jefa fayilolin cikin aikinka su zauna daidai ba lalube. Ba sai kuna amfani da manhaja iri ɗaya ba. Ta ba ka babbar murya, ta sake rera amshin sau biyu don a yi masa kauri, sai 'yan amshi, sai ƙananan kalmomin da ake jefawa a tsakani.

A WhatsApp, a turo su a matsayin takarda, wato dokimen. In aka turo ta saƙon murya an matse su, sheƙin muryar ya tafi. Lissafa data tun da wuri: minti 3 na mono a wannan awo kusan MB 26 ne, na sitiriyo 52. Layi takwas na murya ya haura MB 200. A haɗa su a zip, a turo da dare lokacin da layi ya fi sakewa, ko a ba direban mota a kile, wato filas, ya kawo tasha.

Da muryar ta iso, kafin ka taɓa komai, yi wannan gwajin. Kira wanda bai taɓa ganin kalmomin ba, ka kunna masa baitin, ya faɗa maka abin da ya ji. Hausa tana da gaɓa mai tsawo da gajeriya, tana da hawa da sauka, kuma bugun kwamfuta ba ya sassauci. In an ja gajeriyar gaɓa don ta cika wuri, ko kari ya hau inda magana ke sauka, kalmar tana juyewa ko ta ɓace. Duk inda mutumin ya ce "me ta ce?", a canza kalmar ko a lanƙwasa karin a sake ɗauka. Wannan ya fi duk wani mikis, wato daidaita sautuka da juna, muhimmanci, domin mai sauraronmu kalmomi yake bi ko da rawa yake yi. Karin harshen Maradi ko na Katsina kuma a bar shi yadda yake. Ba sai ta koma Bakanuwa ba kafin a saurare ta a Kano.

Auto-Tune, wanda kamfanin Antares ya fitar a 1997, ya riga ya zama ɗan gida a waƙoƙin Hausa, ba ni da faɗa da shi. Sa masa kin daidai, ka cire sautukan da ba sa cikin biyar ɗin nan don kar ya jefa muryar inda ba ta nufa ba. A amshi kana iya tsananta shi ya yi ƙarar ƙarfen da matasa ke so. A baiti sassauta, ka bar jan murya da karkarwarta su fito.

Za a yi ta kai da komo. Ku sa lamba a kowane juyi, 1, 2, 3, a daina "na ƙarshe" da "na ƙarshen ƙarshe". Mai gyara ya faɗi minti da daƙiƙa: "a 1:12 kalangu ya danne ni". Kuma tun farko a san mutum ɗaya da maganarsa ce ta ƙarshe a kan sauti.

Mikis don wayar da za a saurara da ita

Sauke duk layuka ƙasa. Ɗago murya tukuna, sai kik, sai bes, sai kalangu, sauran su biyo. A muryar, yanke duk abin da ke ƙasa da 80 zuwa 100 Hz, ba komai can sai gurnani. In "s" da "sh" da "ts" suna tsaga kunne, rage wajen 5 zuwa 8 kHz. Kalangu da muryar mutum wuri ɗaya suke zama, don haka rage shi kaɗan lokacin baiti, ka sake shi a filinsa na zango 8. Sa bes ya riƙa ɗan dusashewa duk lokacin da kik ya faɗo. Maimaicin murya kuma a ɗaure shi da gudu: raba 60,000 da 112, ka sami 536, wato tsawon bugu ɗaya a miliseken, rabinsa 268.

Babbar matsala ita ce bes. Lasifikar ƙaramar waya ba ta fitar da sautin ƙasa sosai, kuma mafi yawan masu sauraronka da Tecno ko Itel za su ji ka. Bes ɗin da ke girgiza ɗakinka a can babu shi. Ƙara masa ɗan ƙazanta da abin da ke ƙona sauti kaɗan, ko ka ɗora wani siririn bes a samansa da ke bin layi ɗaya, yadda kunne zai ji shi ko a waya. Mayar da duka mikis ɗin mono ka saurara, in wani abu ya ɓace, gyara.

Sannan fita da shi daga ɗaki. Kunna a waya, kunna a ƙaramar lasifikar bulutut a fada ana tsakiyar hira, kunna a mota, in ka sami dama ka roƙi mai DJ ya saka a manyan lasifikunsa kafin biki ya cika. A fada kar ka ce naka ne, kar ka tambayi kowa. Dubi ƙafafu da kawuna kawai, ka lura da inda hira ta ci gaba kamar ba a kunna komai ba.

Wajen ƙarfin ƙarshe, Spotify yana daidaita waƙoƙi zuwa wajen −14 LUFS, wato ma'aunin ƙarfin sauti, don haka matse waƙa har ta shaƙe ba ya ƙara maka komai a can. Amma a memori da WhatsApp babu mai daidaitawa, in taka ta fi ta gabanta sanyi za a ce ba ta da ƙarfi. Ni ina ganin wajen −10 ya raba gardama, ƙololuwa kuma kar ta haura −1.

Fitarwa

Fitar da WAV na asali, da MP3 mai 320 na rediyo da DJ, da MP3 mai 128 wanda bai kai MB 3 ba don turawa a waya, da kiɗan zalla ba murya, da juyi na DJ mai buɗewar zango 16, da guntun amshi na daƙiƙa 30. Cika sunaye da hoto a cikin bayanan MP3 ɗin. Duk da haka a ambaci sunayenku da baki a cikin buɗewar waƙar, domin fayil in ya bi ta Xender hannu goma, sunansa zai koma wasu lambobi, wani ma ya liƙa nasa.

Hoton bango ya zama 3000 da 3000. Audiomack da YouTube kana ɗorawa da kanka. Spotify da Apple Music kuwa sai ta hannun dillalin intanet irin su DistroKid ko TuneCore, su ne za su ba waƙar lambar shaidarta ta ISRC. Ba su mako biyu zuwa uku kafin ranar. Rubuta sunayen kowa daidai da yadda suke a shafukansu, harafi ɗaya in ya kauce sai a buɗe wa mutum sabon shafi. In akwai wani guntun sauti da ka ɗebo daga waƙar wani ko daga kiɗan kyauta na YouTube, cire shi yanzu, na'urarsu tana ganewa.

Kar cikakkiyar waƙar ta fita hannun ku uku kafin ranar. Aboki ɗaya "don Allah in ji kawai" ya isa ta zaga gari. Lokaci kuma a duba shi: ba a sakin waƙar rawa cikin azumi. Kwanaki kaɗan kafin salla, ko bayan kaka lokacin da bukukuwa ke yawa, ya fi. Ranar fitarwa ku ukun ku saka guntun a lokaci ɗaya. Kai kuma ka ɗauki kile ka zaga da ƙafarka: masu tura waƙoƙi a memori a bakin babbar kasuwa da tasha, masu DJ na biki, masu shirin matasa a gidajen rediyon gari. Ba su kyauta, ka gaishe su da kyau.

Yadda za ka karanta karɓuwarta

Kwana ukun farko 'yan'uwa da abokai ne, kowa zai ce ta yi. Kar ka gina komai a kai. Duba mako na biyu da na uku. Shin wanda ba ka sani ba ya sa ta a TikTok? Wane wuri ya yanka? Sau da yawa ba amshin da kuka sha wahala a kansa ba ne, wani layi ne a baiti na biyu, ko filin kalangun nan. In haka ne, yanke sabon guntu daga wurin, ku bi mutane inda suka nuna. A YouTube akwai zanen da ke nuna daƙiƙar da masu saurare ke ficewa, ka dube shi ko da ba daɗi. Tambayi mai DJ ko an ce ya maimaita, kuma mata ne suka nema ko samari, domin waƙar da mata suka ɗauka a biki ita ke daɗewa.

Suka za ta zo iri-iri. Wani zai ce kiɗan inji ne, an ɓata gargajiya. Wani zai ce kalangun ya mayar da ita ta ƙauye. Waɗannan biyun ra'ayi ne, ka gode musu ka wuce. Wani zai yi magana ta fuskar addini, shi ma a amsa da ladabi ko a yi shiru, ba a jayayya da shi a bainar jama'a, musamman a garinmu. Amma in mutum uku da ba su san juna ba suka ce ba sa jin kalmomin, ko bes yana fasa lasifika, wannan gyara ne, ka buɗe aikin ka sake fitar da fayil ɗin DJ da na rediyo.

Kuɗin saurare a intanet kaɗan ne kuma yana jinkiri, watanni ake yi kafin a gan shi. Abin da waƙa ke kawowa da wuri shi ne gayyatar biki da wasa, da masu zuwa neman ka yi musu kiɗa. In an gayyaci ɗaya daga cikinku saboda wannan waƙar, a koma ga takardar nan a ga me aka ce. In mawaƙiyar tana ƙetaren iyaka, a tsayar tun farko da sefa ake lissafi ko da naira, da kuma canjin wace rana. Kason wanda ke cikin ƙasa a tura masa ta Nita ko Amana, a aika da hoton rasit.

Aikin kansa kuma a ajiye shi wuri biyu. A FL Studio fitar da shi a zip mai ɗauke da duk sautukan da ka yi amfani da su, ka haɗa da layukan WAV ɗaya bayan ɗaya da hoton yarjejeniyar. Kwafi ɗaya a faifan ajiya na waje, nesa da zafi da ƙura, ɗaya a Google Drive, wanda ke ba da GB 15 kyauta. In wani mai kiɗa daga Yamai ko Kano ya nemi ya yi wa waƙar sabon juyi, waɗannan layukan zai tambaya, kuma kafin ka tura masa sai an rubuta sabuwar takarda da sa hannun ku uku.